Kaset Ɗin da Ya Tafi Korar Tsuntsaye

Shekara ashirin da bakwai ina riƙe da alli, kuma tambayar da ta kayar da ni a gaban allo ba ta cikin manhaja. Wata 'yar aji ɗaya ce ta yi min ita, yarinya mai wushiryar dole, don haƙoranta biyu na gaba sun tafi hutu ba su dawo ba.

Ranar Laraba ce, ana yayyafin ƙarshen damina, yara sun ƙi zama. Na gwada tsawa, na gwada harara, na buga dasta a tebur har ƙurar alli ta sa ni atishawa, suka kuwa sami abin dariya. Sai kawai na ji bakina ya kama wata waƙa da ban san tana nan a ajiye ba. Waƙar tambaya da amsa ce. Babba ya ce, "Wa ya tashe ka, ɗan yaro?" yara su ce, "Inna ce ta tashe ni." A tambayi Inna, ta ce akuya ce. A tambayi akuya, ta ce jaki ne. Jaki kuma ya ɗora wa zakara. Kafin mu zo kan jaki aji ya yi tsit yana jiran abin da zai amsa, abin da ban samu da bulala ba a ƙuruciyar aikina. Na ce, "Wa ya tashe ka, zakara?" Sai na tsaya. Babu komai bayan wannan layin. Kamar ka taka matakala a tsammanin akwai saura ɗaya.

Yarinyar ta ɗaga hannu, kamar yadda na koya musu. "Malam, to wa ya tashe shi?"

Malami yana da dabarun ɓoye jahilcinsa, kuma na san su duka. Akwai "ku je ku yi tunani a gida," akwai "wannan na aji biyu ne." Ban san abin da ya hana ni amfani da su ba. Na ce mata ban sani ba, amma zan kawo amsa ranar Litinin.

Waƙar daga talabijin na same ta. Ina da shekara shida ko bakwai, mahaifinmu yana aiki a gidan gurzar auduga a Funtua, muna zaune a gidan haya mai ɗakuna jere. A ɗakin ƙarshe akwai wani Ibo mai sayar da kayan keke, da matarsa da duk gidan ke kira Madam. Su ke da akwatin talabijin, baƙi da fari, mai ƙofofin katako biyu kamar kabad, an lulluɓe samansa da saƙaƙƙen kyalle an ɗora furen roba. Da yamma, bayan la'asar ta yi sanyi, akwai shirin ƙananan yara. Wata mata ce mai babban ɗaurin kai take zama a tabarma da yara kewaye da ita, tana kaɗa ƙwarya tana koya musu waƙa. Anti muke ce mata, don haka yaran cikin akwatin suke ce mata. Ni da ƙanwata, wadda na ba shekara biyu, mukan wanke ƙafa mu zauna a kan ledar ɗakin Madam tare da 'ya'yanta. Ƙanwata ba ta shiga sai ta gyara ɗankwali, domin ta tabbata Anti tana ganinmu, kuma ba ta son a ce ba ta da tarbiyya.

Da waƙar zakara ake rufe shirin. Matsalar ita ce lokacin rufewar yakan zo daidai da kiran magariba, kuma Madam, Kirista mai zuwa coci sau biyu a mako, ta fi ladanin unguwarmu tsanani a kan sallarmu. Da ta ji an buɗe lasifika ana gyaran murya, sai ta miƙe ta murɗa maɓalli, hoton ya tattare ya koma ɗigon haske guda, ta rufe ƙofofin.

"Oya, a tafi salla. Ba zan bari babanku ya ce na lalata masa yara ba."

"Madam, saura kaɗan."

"Allah ma saura kaɗan yake jira? Tashi."

Saboda haka a talabijin ban taɓa wuce jaki ba. Ranar da aka yi sa'a ladan ya makara, mukan kai bakin zakara.

Sai wata rana mahaifinmu ya dawo daga tafiya da kaset na waƙoƙin shirin. A jikin kwalinsa an zana zakara sanye da hula, yana tsaye a kan jaki mai murmushi. Mun yi murna har muka manta ba mu da abin saka shi. Rediyo mai kaset guda ɗaya ce a duk danginmu, tana ƙauye, a kan hanyar Bakori, a hannun Yaya.

Yaya ya ba ni shekara goma, uwa ɗaya uba ɗaya. Lokacin da mahaifinmu ya samu aiki a gari, aka ce sai an bar wa kaka mutum guda saboda gona. Ba a yi ƙuri'a ba, ba a yi jarrabawa ba. Wanda ya riga zuwa duniya shi aka bari. Ni aka kai ni makaranta, shi aka ba shi fartanya, kuma tun daga nan yake kirana Malam, tun ban iya rubuta sunana ba. Da audugar gayaunarsa, 'yar gonar da kaka ya yanka masa ta kansa, ya sayi rediyon. In mun je hutu yakan ba mu aronta da hantsi in zai tafi gona, amma ba da sababbin batir ba. Sababbi na jin labarai ne. Mu tsofaffi huɗu yake saka mana, waɗanda suka gama aikin gwamnati suna cin fansho.

Ƙanwata tana da doka: daga farko ake farawa. Ba a tsallake waƙa, don kada Anti ta ji haushi. Sai mu bi su ɗaya bayan ɗaya, ta wanke hannu, ta ƙirga yatsu, ta duba hagu da dama kafin a tsallaka titi, wadda muke rerawa da iyakar gaskiya a ƙauyen da mota ke shiga ranar kasuwa kawai. Mu juya kaset. Waƙar zakara ita ce ta ƙarshe a gefe na biyu, kuma kafin a zo kanta batir sun fara sallama. Muryar Anti sai ta yi kauri ta koma ta namiji. A kan akuya ta zama ta dattijo. A kan jaki ta zama ta sa mai jan garma da azahar. "Wa... ya... tashe... ka..." sai rediyo ta yi nishi ta mutu. Ba zan rantse cewa ko sau ɗaya ba ta kai ƙarshe ba. Abin da na sani, a kaina nan ne waƙar take tsayawa.

Washegari da hantsi mukan tarar da rediyon a kan turmi, kaset ya koma farko, batir sun farfaɗo. Ba mu taɓa tambayar yadda aka yi ba. Yaro ba ya tambayar inda tuwo ya fito.

Daga baya na girma na fara jin kunyar waƙar yara, na koma karatun littattafan da suka fi ƙarfina don a gan ni da su. Kaset ya shiga kwalin taliya tare da wasu, aka tura ƙarƙashin gadon mahaifiyarmu a ƙauye, inda ta koma bayan rasuwar mahaifinmu. Ita ma ta bi shi. Ɗakin yana nan, an mai da shi ma'ajiyar buhuna.

Ranar Larabar nan, bayan an tashi, na tambayi abokan aiki a ofishin malamai. Manyan suka ce su a ƙuruciyarsu ko rediyo sai a gidan dagaci. Ƙananan suka dube ni da irin ladabin da ake yi wa wanda ya kusa ritaya. Wata malama ta bincika min a waya, ta rubuta zakara, ta rubuta jaki, ta rubuta waƙar yara ta da. Aka kawo mana farashin kaji da wasu zane-zanen turawa masu tsalle. Ta ce, "Malam, ko dai mafarki ka yi?" Da wasa ta faɗa, na kuma yi dariyar da ta dace.

Aiki ya jefa ni Malumfashi, iyalina suna Funtua, sai ƙarshen wata nake leƙa su. Ɗaki ɗaya nake haya, da katifa, da risho, da littattafai da suka fi kayan sawata yawa. Da na koma ɗakin na ɗauki waya na nemo lambar ƙanwata, don ita ba ta mantuwa, har ranar da na ci mata ƙosai tana iya faɗa maka. Sai da na danna, na ji matar nan ta kamfani ta fara bayaninta, sannan na tuna. Bara ƙanwata ta rasu, bayan an gama girbi. Ban goge lambar ba, ban kuma san ranar da zan goge ba. Madam da mijinta sun bar Funtua tun ina sakandare, ban san garin da suka nufa ba. Na zauna a bakin katifa na lissafa waɗanda suka zauna a kan ledar nan, sai na ga a iyakar inda hannuna zai kai, ni kaɗai na rage. In na ce an yi shirin, an yi. In na manta, ba a yi ba.

Ranar Asabar na shiga motar Bakori, daga can na hau babur.

Na tarar da Yaya a ƙofar gida, gindin bishiyar bedi, yana ɗinke bakin buhu. Ya tsufa irin tsufan manoma, wanda ke farawa daga hannu. Muka gaisa, ya tambayi iyali ɗaya bayan ɗaya, na tambayi nasa, muka yi wa damina godiya.

"Lafiya dai, Malam? Ba salla ba, ba suna ba, ba rasuwa ba."

"Zumunci, Yaya."

"To. Zumuncin yana son ruwa, ko zai fara faɗin abin da ya kawo shi?"

Na ce kwalin kaset ɗin nan nake nema, na ƙarƙashin gadon Inna. Ya ciji zare ya tofar.

"Suna gona."

"Su wa?"

"Kaset ɗin. Suna aiki."

Na yi tsammanin kunnena ne. Ya ajiye buhu ya ce in zo in gani.

Duk wanda ya tashi a yankinmu ya san abin, ni ma na san shi, kawai ban taɓa kawowa zai faɗo a kaina ba. In dawa ta fid da kai ta fara ƙwaya, jan-baki sukan sauko mata garke-garke, kuma yanzu yaran da za a sa tsaro duk suna makaranta, wanda laifinmu ne mu malamai. Sai manomi ya nemi tsohon kaset, ya zaro zaren cikinsa, ya ja shi daga kara zuwa kara a saman gona. Rana ta haska shi yana walƙiya, iska ta kaɗa shi yana wani gurnani siriri, tsuntsu ya ga abin da bai gane ba ya ƙara gaba. Yaya ya fi shekara yana cigiyar kaset bai samu ba, don an daina yayinsa. Ranar da ya je gyara ɗakin buhuna ya ci karo da kwali guda cike, ya ce Inna ce ta yi masa kyauta daga kabari.

Na tsaya a bakin gonar. Ban taɓa ganin abu mai kyau da ya ɓata min rai haka ba. Dawa ta fi tsayina, kawunanta sun sunkuya, a samansu zare mai ruwan ƙasa ya ratsa ko'ina yana ƙyalli, yana karkarwa. Wa'azin mahaifinmu yana can, masu kukuman mahaifiyarmu suna can, Anti da yaranta suna wani wuri a tsakani, duk sun haɗa murya ɗaya suna kuka irin na sauro.

"Yaya, har da mai zakara a jiki?"

"Shi na fara zarewa. Ya fi sauran ƙwari."

"Ba ka tambaye ni ba."

"Shekara nawa yana ƙarƙashin gado? Ɓeraye ma sun fi ka ziyartarsa."

Sai na ce ina son in kwance zaren. Ya dube ni, ya dubi dawarsa, wadda saura mako biyu ko uku ta yi ƙwarin da tsuntsu zai bar ta.

"Jan-baki za su yi maka addu'a," in ji shi. "Dama sun daɗe ba su samu ɗan boko a ɓangarensu ba."

Amma bai hana ni ba. Na koma bakin hanya na sayo farar leda ƙulli biyu, muka yayyanka ta tsiri-tsiri. Duk inda na kwance zare, shi sai ya ɗaura leda, yana faɗin ai leda ba ta kuka, tsuntsun bana kuma ya yi wayo, ya san leda tun a bola. Muka wuni a haka. Ƙaiƙayin dawa ya shiga wuyana, takalmina na zuwa makaranta ya koma na laka. Ina naɗe kowane zare a guntun kara dabam, kamar mai sayar da zaren saƙa, har na tara ashirin da wani abu. Babu mai rubutu a jiki. Zaren mai wa'azi da na mai kukuma kamarsu ɗaya, wanda ban sani ba ko akwai darasi a ciki.

Washegari da safe muka zauna gindin bedi. Yaya ya fito da rediyon. Ita ce dai, ta rasa hannu an yi mata na waya, eriyarta ta karye an ƙara da sipok ɗin keke. Har yanzu da ita yake jin labarai, amma ɓangaren kaset ya yi shekaru bai buɗe baki ba. Na goge kan da ke karanta zare da auduga da turarena. Na sami ƙoƙon kaset guda da jikoki ba su mai da shi mota ba, na kwance kusoshinsa da tsinin wuƙa. Surukar Yaya, matar ɗansa, ta aiko da jan farce, tare da tambayar ko Malam ne zai shafa. Da shi ake liƙa zare, ɗigo ɗaya, a danne da farce a hura. Sai a naɗe da biro. Hannuna ya tuna aikin tun kafin kaina ya tuna. Na saka sababbin batir huɗu da na zo da su daga Malumfashi, don na yi niyyar wannan karon ba batir ne zai yanke min hukunci ba.

Na farko mai wa'azi ne, yana cikin bayanin rabon gado, rana ta cinye masa rabin kalmomi. Na biyu shiru ne da shuuu. Na uku mai kukuma. Na huɗu mai wa'azin ya dawo, ya kai kan azabar kabari. Yaya yana gefe yana ɓarar gyaɗa, yana ba kowa maki. "Wannan ya yi tsaron yamma, can wajen tururuwa. Jarumi ne." Wani zaren na saka shi a kife, murya ta fito kamar daga cikin rijiya. Wani ya tsinke a ciki sai da na zaro shi da tsinke.

Rana ta kusa tsakiya lokacin da na ji ƙwarya. Ƙaf, ƙaf-ƙaf. Sai muryar mace, siririya, tana rawa kamar an jiƙa ta an shanya, tana cewa a wanke hannu kafin a ci tuwo. Sai yara suka amsa.

Na cire tabarau na goge, ko da yake ba abin da ya same shi. Ba mafarki na yi ba. Abin da ya ba ni mamaki, yarinya ce. Anti da nake ɗauka sa'ar mahaifiyata ce, muryarta ba ta wuce ta ɗalibaina da suka gama kwaleji bana ba. Yaran da ke amsa mata yanzu suna da furfura, waɗanda ke raye. Na juya hagu don in ce wani abu, can inda ƙanwata take zama, sai na ga kaza tana tsince ɓawon gyaɗa.

Zare biyar na Anti ne. Na jera su yadda nake tunawa, na liƙa, na naɗe, na juya gefe na biyu. Ban tsallake ko ɗaya ba. Doka doka ce. Muka tsallaka titi, muka duba hagu da dama. Sai ga ta.

"Wa ya tashe ka, ɗan yaro?"

Wannan karon muryarta ba ta yi kauri ba. Ta wuce Inna da ƙarfinta, ta wuce akuya. Na matso har kunnena ya taɓa ragar lasifika. "Wa ya tashe ka, jaki?" Yara suka ce zakara ne. Ƙwarya ta yi ƙaf-ƙaf. Sai zare ya ƙare, rediyo ta yi tak, maɓalli ya ɗago.

Na sake bin sauran ƙullin da ban gwada ba, duka. Wa'azi, kukuma, wa'azi, shiru.

"Akwai wanda na ɗaura can kan iyaka," in ji Yaya. "Ya yi ƙasa da yawa. Akuyar maƙwabci ta shigo ta ci rabi, iska ta tafi da saura."

Da a littafi na karanta, da na ce marubucin ya cika son wasa. Amma a lokacin ban ga abin dariya ba. Na faɗi maganar da har yau in na tuna nakan ji zafi a kunne. Na ce masa shi dai duk abin da ba a aunawa da tiya ba shi da daraja a wurinsa. Na ce abu ɗaya ya rage min na ƙanwata, ya ba akuya.

Ya ci gaba da ɓarar gyaɗa, ƙwaya a faranti, ɓawo a ƙasa. Ita ma ƙanwarsa ce, kuma shi ya shiga kabarinta ya karɓe ta, ni ina kan hanya a mota. Na san wannan tun kafin in rufe baki.

Can ya ce, "Wai me kake nema a ciki ne? Tun jiya kake wahalar da ni da tsuntsayena, ba ka faɗa ba."

Na ba shi labari a gajarce, ina kallon ƙasa: aji ɗaya, yarinya, alkawarin Litinin. Na ce ƙarshen waƙar nake nema, abin da zakara ya ce da aka tambaye shi wanda ya tashe shi. Na ce na yi tunanin alfijir, na yi tunanin ladan, na yi tunanin yunwa, babu wanda ya zauna a kan kiɗan.

"Au, wannan?" Ya karkaɗe hannu. Bai rera ba sosai, tsakanin magana da waƙa ya faɗe ta, yana buga gwiwa da yatsa biyu daidai inda ƙwarya take faɗuwa. "Ba wanda ya tashe ni. Na farka ban ga kowa ba, shi ne na kira ku."

Ta zauna a kan kiɗan kamar an auna.

Na ce, "A ina ka ji?"

"Wa kake tsammani yake ta da muku batir? Aljanu?" Ya jawo wata gyaɗar. "In na dawo gona na tarar kun kashe min rediyo kun watse. In cire batir, in ɗan bubbuge su da dutse. Da safe in shanya su a kan rufin kwano su sha rana kafin ku gama koko. To sai na gwada in ji ko sun tashi. Ina dannawa, daga inda kuka tsaya take ci gaba. Layin nan ne, sai ƙwarya sau uku, sai tak. Sannan in naɗe da kara in mayar farko, don in na mayar da rediyo batir ɗin sun ƙare kenan." Ya jefa ƙwaya a baki. "Ni iyakar abin da na sani kenan a cikinta. Sai yau na ji ashe har da akuya."

Wato hutu bayan hutu, mu biyu muna da waƙar duka ban da layi ɗaya, shi kuma yana da layi ɗaya ban da waƙar, a gida ɗaya, rediyo ɗaya, ba wanda ya tambayi wani. Na so in ba shi haƙuri a kan maganar tiya. A gidanmu ba a saba ba ƙane ya tsaya ya tsara wa wansa ban haƙuri, kunya za ta kama mu duka. Sai na jawo farantin na fara taya shi ɓara, ya kuwa matsar min da shi ba tare da ya dube ni ba.

Amma halin malanta ba ya barin mutum. Bayan ɗan lokaci na ce, "Yaya, haka take a kaset ɗin, ko kai ka gyara ta?"

"Kai ne malami. Ba ni maki."

"Da gaske nake."

"Shekara arba'in, Malam. Abin da ke kaina kenan. In kana son shaida, akuyar tana nan, gida na uku."

Da la'asar zan tafi na ce zan bar masa zaren wa'azi da na kukuma ya mayar gona. Ya ce dama ba tambayata zai yi ba. Na Anti na sa a aljihu. Ya rako ni bakin hanya, muka tsaya jiran babur. Daga nan ana hango gonar, da ledojin da muka ɗaura suna lilo ba sauti, da wani garken jan-baki yana shawagi a kai yana nazari.

Ranar Litinin na shiga aji ɗaya da amsata. Na ce wa yarinyar na cika alkawari. Ta dube ni da wushiryarta, ta dubi ta kusa da ita. Ta manta ta yi tambaya. Na rera musu duk da haka, daga farko, suka amsa har zuwa zakara, na ba su layin ƙarshe suka maimaita sau biyu, sannan wani ya ce fitsari yake ji.

Kaset ɗin yana kan littattafaina yanzu, da tabon jan farce huɗu a cikinsa, ba ni da abin saka shi, kamar dai farkon zuwansa. Ban san ko abin da Anti ta faɗa kenan ba, kuma babu sauran wanda zan tambaya. A rajistar kaina na rubuta shi a matsayin daidai.

Ranar Talata, da na dawo daga masallaci gari ya fara haske, na ɗora ruwan shayi a risho na zauna ina jiran ya tafasa. Gidan hayar shiru, kowa ya koma barci. Na ɗauki waya, na wuce lambar ƙanwata, na kira Yaya. Bugu ɗaya ya ɗauka, da alama tana hannunsa. Ina jin iska a bayansa, da wannan gurnani siriri.

"Lafiya, Malam? Wani abu ya faru?"

"Ba komai. Kana gona ne?"

"Ina zan kasance? Mutanenka jan-baki sun riga ni zuwa." Sai ya ce, "To, faɗi mana. Ina jinka."

Sai na tambaye shi yadda dawa take. Ya fara daga gabas, wajen kan iyaka, ya bi da ni gonar kunya bayan kunya, ruwana yana tafasa yana ƙonewa ban sauke ba.